Kurakuran da Marubutanmu Suke Yi Wajen Ƙirƙirar Kalandar Duniyar Almara

Shekara huɗu ke nan matasan marubuta a nan Jos suna kawo mini rubuce-rubucensu in duba, kuma tun da labaran sarakunan aljanu da daulolin da ba su taɓa wanzuwa ba suka samu karɓuwa, kusan kowa so yake duniyar da ya ƙago ta kasance da kalandarta ta kanta. Ba ni da ja a kan haka. Abin da ya ishe ni shi ne yadda nake cin karo da kuskure guda a hannun mutum bayan mutum, har na gaji da maimaita bayani baki da baki.

Babban kuskuren shi ne marubuci ya ce mutanen duniyarsa da ganin jinjirin wata suke ƙirga watanni, sannan ya ɗaure damina ko girbi a kan wani wata guda kowace shekara. Wata yakan kammala zagayensa cikin kwana 29 da rabi, saboda haka wata goma sha biyu kwana 354 ne, alhali shekarar rana, wadda damina da kaka da hunturu da bazara suke bi, kwana 365 ce da kusan rubu'i. Tazarar kwana 11 ke nan duk shekara. Wannan ba ilmin da sai an je jami'a ba ne, domin duk wanda ya manyanta ya yi azumi cikin zafin bazara, ya kuma yi shi cikin sanyi, tun da watan Ramadan yakan zagaye lokutan shekara gaba ɗaya cikin shekara 33 ko kusan haka. Amma da zarar mutum ya ɗauki alƙalami sai ya manta abin da jikinsa ya sani.

Ni kaina na faɗa wannan rami, kuma na ji jiki. A labarina na farko na sa bikin sabon gero a wata na bakwai, na buɗe labarin da shi, na kuma rufe da shi bayan shekara 16, jarumin ya dawo gida ana ɗaure dammunan gero. Na kai wa wani dattijo a unguwarmu, tsohon malamin lissafi, ya karanta. Da na koma sai ya ce mini, "Ɗana, a wace gona aka yi wannan girbi? Sha ɗaya sau sha shida, kwana 176 ke nan. Bikinka ya faɗa tsakiyar bazara, ko shuka ba a yi ba." Na ce, "Baba, ai almara ce." Ya ce almara ta ba ni damar in sa doki ya tashi sama, amma tun da ni da bakina na ce watan nasu irin namu ne, ba ni da damar in ƙaryata kaina. Babi tara na sake rubutawa, wata uku ina fama.

Mafita tana nan a tarihi ga mai son dubawa. Habashawa suna da wata goma sha biyu masu kwana 30, sai ƙaramin wata na sha uku mai kwana biyar ko shida. Yahudawa suna bin wata, amma sukan ƙara wata guda sau bakwai a cikin kowace shekara 19 domin bukukuwansu su tsaya a lokacinsu. Ko kuma a bar kalandar ta riƙa zamewa kamar ta Hijira, manoma su riƙa duba taurari irin su kaza da 'ya'yanta, malaman fada kuma su riƙe nasu lissafin. Ni wannan na fi so, don saɓanin lissafin manomi da na fada ma kansa abin gina labari ne. Kada kuma a raina ƙaramar tazara: kuskuren kusan minti 11 a shekara a tsohuwar kalandar Turawa shi ya taru har wasu ƙasashensu suka tsallake kwana goma a watan Oktoba na 1582. Al'adata yanzu ita ce ina ajiye littafi daban, ina ba kowace rana ta labarin lamba tun daga rana ta ɗaya, kuma ba na rubuta sunan wata sai na duba lambar.

Kuskure na biyu da yake ɓata mini rai shi ne sauya tsawon mako ba tare da an taɓa rayuwar mutane ba. Wani ya kawo mini labari mai mako na kwana goma, amma sunan jarumar Talatu, ƙanenta kuma Ɗanladi. Haba! Daga ina Talata da Lahadi suka shigo duniyar da ba ta san su ba? Mako shi ne ranar kasuwa da ranar ibada da ranar suna, kuma idan ka taɓa shi duk sai sun motsa. Dubi yadda kasuwannin ƙasar Ibo suke juyawa a kan kwana huɗu, Eke, Orie, Afo da Nkwo. Faransa ma ta gwada mako mai kwana goma a 1793, wanda ya mayar da hutun ma'aikaci sau ɗaya a kwana goma, kuma zuwa 1806 an yi watsi da kalandar baki ɗaya.

Sauran ƙanana ne. Kada a jera wa mai karatu baƙin sunaye goma sha biyu a shafin farko. A ɗauko su daga abin da ake yi a cikin watan, kamar yadda muke cewa watan cika-ciki ko watan babbar salla. A tsayar da lokacin da rana take farawa, domin a wurinmu daren Juma'a yana zuwa ne kafin wayewar garin Juma'a. Kuma kada a sa makiyayi ko tsohuwar ƙauye su riƙa faɗin shekara da lamba kamar magatakardan sarki, alhali abin da za su ce shi ne shekarar da fari suka cinye amfanin gona, ko shekarar da aka naɗa sarki mai ci.