Yadda Ake Shuka Lambun Zane a Harabar Ɗakin Karatu

Hotunan da ke yawo a intanet na katafaren ɗakin karatu da lambu ya kewaye shi kamar an shimfiɗa darduma, ba lallai ne su zama na gaske ba. Amma sana'ar kanta, wato fitar da zane a ƙasa da tsirrai masu launi, ta gaske ce. Tun ƙarni na 19 ake yin ta a Ingila da Faransa, kuma birnin Montreal na Kanada ya fara baje kolinta a 2000. Ana iya yin ƙaraminta a gaban laburaren makaranta a Bauchi ko Gombe, in an kiyaye abubuwa kaɗan.

Fara da kwance ɗaya, mita 4 tsawo, mita 4 faɗi. Kada ya matso bango. A bar tazarar mita ɗaya da rabi a zuba tsakuwa, domin danshin ban ruwa yana kiran gara, gara kuwa in ta samu hanya littattafai za ta nufa. A cika ƙasa ta ɓangaren gini ta fi ta gaba tudu da kamar santimita 30. Mai tahowa zai hango zanen tun daga nesa, ruwa kuma zai gangara nesa da harsashi. Haɗin ƙasa: kwano biyu na ƙasar gona, ɗaya na yashi, ɗaya na takin shanu da ya gama ruɓewa. Ɗanyen taki yana ƙona saiwa, kuma shi ma gara na bin sa.

Launin ganye ake nema, a manta da fure. Fure yana zuwa ya wuce, zanen ya koma kamar tsohuwar tabarma. Altanantera ita ce uwar aikin, ɗan tsiron nan mai ƙananan ganye da masu sayar da fulawa a bakin titi ke da shi ja da kore. A tsaya a launi biyu. Duranta, wadda suke kira yalo-bush, ta zauna a iyaka kawai, don itace ce, in ta shiga tsakiya sai ta danne kowa. Kuma a duba inuwa: ƙarƙashin dogonyaro jan ganye yana dushewa ya koma kore-kore. Wurin na bukatar rana ta awa shida aƙalla.

Zane shi ne inda masu farawa suke faɗuwa. Mutum zai ɗauko aikin hula ko zayyanar bangon fada mai siraran layuka ya ce ita zai shuka. Ranar dashe abin gwanin kyau. Bayan wata biyu ja ya shiga kore, kore ya shiga ja, ba a gane komai. Dalili shi ne kowane tsiro yana baza reshe kamar tafin hannu zuwa kowane gefe, don haka layin da aka shuka jere ɗaya maƙwabta ne za su haɗiye shi. Ƙa'idar ita ce kada wani layi ya gaza santimita 40 a faɗi, wato jere uku na tsiro. Dagin Arewa ya dace da wannan aiki, amma mai sauƙin, kuma wahalarsa tana mahaɗa, inda igiya ɗaya ke bi ta ƙarƙashin ɗaya. A nan sai a yanke layin da ke ƙasa, a bar rata ta santimita 15 a kowane gefe a cika da kore. In ba a bar ratar ba, ƙullin zai zama dunƙulen ja kawai.

A zana shi a takarda mai gida-gida, kowane gida ya tsaya a madadin santimita 50. A kafa turaku, a ja igiya tsaye da kwance, a kwafi zanen gida bayan gida da toka. Sannan a binne fasassun tayil a tsaye a kan layin tokar, su leƙo kaɗan. Wajen magina ake samunsu kusan kyauta, kuma su ne jagorar almakashi nan gaba.

Da tazarar santimita 15, murabba'in mita ɗaya yana cin tsiro 44, kwancen duka kusan 700. Sayen wannan adadi ɓarnar kuɗi ce. A sayi tukwane 30 a watan Afrilu, a riƙa yanko rassa masu tsawon yatsa ana soka su a yashi mai danshi a inuwa. Cikin mako uku sun yi saiwa.

A dasa a watan Yuni, da yamma, bayan damina ta zauna. A fara daga tsakiya ana tsayawa kan katako don kada a tattake ƙasa. Aski duk mako biyu, tsayi santimita 10, gefen layi kafin sama, a kwashe abin da aka aske domin yana kama ƙasa ya tsiro a gidan da ba nasa ba. Kada a sa takin yuriya, tana sa tsiro ya yi tsawo da yawa ta kashe jan launin. Da hunturu a ba da ruwa da safe a wanke ƙurar ganye, da bazara safe da yamma. In harabar ba katanga, a fara da shingen waya kafin komai, saboda awaki.