Yadda zaka jefa ƙuri'a a zaɓen gwamna, antoni janar da majalisar jiha a Virginia

Jama'a wannan bayanin na 'yan uwanmu ne da suke zaune a jihar Virginia ta Amurka, musamman waɗanda suka yi rantsuwar zama 'yan ƙasa kwanan nan, su Alexandria da Fairfax da Woodbridge har zuwa Richmond. Abin da yake damuna shi ne mutanenmu in ana zaɓen shugaban ƙasa kowa ya tashi tsaye, ana ta musu a masallaci da guruf guruf na WhatsApp, amma da an ce zaɓen jiha sai ka ji shiru, alhali kuɗin makarantar yaranka, albashi mafi ƙanƙanta, inshorar lafiya, dokar haya, lasisin tuƙi, yawancinsu a Richmond babban birnin jihar ake yanke su ba a Washington ba. A 2018 majalisar jihar ce ta faɗaɗa Medicaid, wato inshorar lafiya ta gwamnati ga masu ƙaramin ƙarfi, a 2021 ita ce ta soke hukuncin kisa, kuma a 2024 gwamna Glenn Youngkin ne ya hau kujerar naƙi kan dokar da za ta kai albashi dala 15 a awa. Duk wannan babu hannun shugaban ƙasa a ciki.

Abu na farko kafin komai, ka tabbata kai ɗan ƙasa ne. Wannan ba abin wasa bane wallahi. Mai girin kad, wato katin izinin zama na dindindin, baya zaɓe, mai bizar karatu ko ta aiki baya zaɓe, ko rajista kar ya yi. Inda mutane suke faɗawa rami shi ne ofishin lasisin tuƙi wato DMV, kana cike fom sai tambaya ta fito ko kai ɗan ƙasa ne kuma kana so a yi maka rajistar zaɓe, mutum yana sauri ko turancin bai zauna masa ba sai ya danna eh, to wannan eh ɗin yana iya hana shi zama ɗan ƙasa nan gaba har ma a kore shi daga ƙasar. Don Allah ku faɗa wa iyayenmu da matanmu da sababbin zuwa. In kuma ka riga ka yi rantsuwa, ka kai shekara 18 zuwa ranar babban zaɓe, kana zaune a jihar, shikenan hanya a buɗe take. Yaro ɗan 17 ma zai iya rajista har ya yi zaɓen fidda gwani in dai zai cika 18 kafin na Nuwamba.

Sai ka san shekarar. Virginia ba ta haɗa zaɓenta da na tarayya, a shekarun da ba su rabuwa biyu take yi. Gwamna da mataimakinsa da antoni janar ana zaɓensu shekara ɗaya bayan zaɓen shugaban ƙasa, 2017, 2021, 2025, na gaba 2029. Majalisar wakilan jiha kujeru 100 ne kuma duk shekara biyu ake sake su gaba ɗaya, majalisar dattawan jiha kujeru 40 duk shekara huɗu, ita tata ta faɗo 2023 sai kuma 2027. Kenan a 2027 duka kujeru 140 suna kan takarda ko da yake babu gwamna. Ranar kuwa Talata ce, wadda ta biyo bayan Litinin ɗin farko ta watan Nuwamba. Wani abu kuma da ba a ko'ina sai Virginia, gwamna baya yin tazarce, in ya gama shekara huɗu dole ya sauka, sai dai ya huta ya sake nema daga baya.

Rajista ba wahala. Zaka iya yi ta intanet a shafin hukumar zaɓen jihar in kana da lasisin Virginia, ko a DMV, ko ka je ofishin rajistaran zaɓe na gundumarku da kanka. Babu wata INEC ta ƙasa baki ɗaya a nan, kowace jiha da dokarta, shi ya sa abin da ɗan uwanka na Maryland ko New York ya faɗa maka ba lallai ya yi aiki a nan ba. Ba a tambayarka jam'iyya wajen rajista a Virginia. Akwai ranar da ake rufe rajista kafin zaɓe, ka duba ta a shafin hukumar tun watan Satumba, in kuma ta wuce ka kar ka karaya, tun 2022 an yarda mutum ya yi rajista ranar da ya zo zaɓe, sai dai ƙuri'ar wucin gadi za'a ba shi, a ajiye ta a ambulan sai hukumar gunduma ta tantance shi sannan a ƙirga. Gara dai ka yi da wuri ka huta. In ka tashi daga gida ka canza adireshi, ko titi biyu ne tsakani, domin mazaɓar ɗan majalisa tana iya canzawa.

Yanzu ga inda nake so mu ɗan daɗe, wato sanin su wa kake zaɓa.

Gwamna kowa ya san shi, shi yake kawo kasafin kuɗi, ya sa hannu a doka ko ya ƙi, ya naɗa shugabannin ma'aikatu da kwamitocin jami'o'in jiha. Amma mataimakin gwamna a nan ba'a haɗa shi tikiti ɗaya da gwamna kamar yadda muka saba a Najeriya, layinsa daban ne a takarda, zaka iya zaɓar gwamna daga wannan jam'iyya mataimaki daga waccan. Aikinsa shi ne jagorantar zaman majalisar dattawa, in aka yi kunnen doki 20 da 20 shi yake raba gardama a yawancin dokoki. A zaɓen 4 ga Nuwamba 2025 Abigail Spanberger ta zama mace ta farko da ta ci gwamnan jihar, Ghazala Hashmi wadda aka haifa a Hyderabad ta Indiya ta ci mataimakiya, ita ce musulma ta farko da aka zaɓa a muƙamin da ya shafi jiha sukutum a duk Amurka.

Antoni janar shi ne mutanenmu suka fi tsallakewa, na gane dalili, a gida gwamna ne yake naɗa kwamishinan shari'a ba ruwan talaka. A Amurka kuwa jihohi 43 jama'a ne suke zaɓensa kai tsaye, sauran ne ake naɗawa, kamar New Jersey da gwamna yake naɗawa, Maine majalisa, Tennessee kotun ƙolin jiha. Tunda ba gwamna ne ya ba shi aikin ba, gwamna baya iya korarsa, suna ma iya zama 'yan jam'iyyu daban. Shi ne lauyan jiha, shi yake kai kamfanonin da suke cutar masu saye kotu, masu ba da bashi da ruwa mai yawa da masu damfarar tsofaffi, shi yake kare dokokin jiha in an ƙalubalance su, kuma shi yake yanke shawarar ko jihar za ta maka gwamnatin tarayya a kotu kan wata doka ta shige da fice ko ta lafiya. Ku tuna shari'ar ɗan sandan da ya kashe George Floyd, ofishin antoni janar na Minnesota Keith Ellison ne ya jagorance ta har aka samu Derek Chauvin da laifi a Afrilun 2021. Kar dai ka rikita shi da mai gabatar da ƙara na gundumarku, shi wannan daban ake zaɓensa kuma shi yake riƙe da yawancin shari'o'in laifi na yau da kullum.

Masu cewa ƙuri'a ɗaya me za ta yi, ku ji. A 2013 Mark Herring ya kayar da Mark Obenshain a kujerar antoni janar da ƙuri'a 165 cikin sama da miliyan biyu, da aka sake ƙirga ne ratar ta koma 907. A 2017 kuma a mazaɓa ta 94 can Newport News, David Yancey na Republican da Shelly Simonds ta Democrat kowa ya tashi da 11,608 cif, ƙarshe sai sunayensu aka saka a kwano aka zaro ɗaya a Janairun 2018, sunan Yancey ya fito, da haka jam'iyyarsa ta riƙe majalisar da 51 da 49. Da mutum ɗaya ya fito daga gida ya zaɓi ɗaya daga cikinsu da ba'a kai ga kwano ba, kuma wannan mutumin yana iya zama direban Uber irin namu da ya ce yau ya gaji.

To ya zaka san 'yan takarar mazaɓarka? Ka shiga shafin majalisar jihar akwai inda zaka rubuta adireshinka ya nuna maka ɗan majalisarka da sanatanka na jiha. Ofishin rajistaranku kuma yana saka samfurin takardar ƙuri'a kafin a fara zaɓe, ka sauke ta a waya ka bi ta layi layi da dare bayan isha'i, ka rubuta zaɓinka a 'yar takarda. Ni shawarata ka leƙa shafin VPAP ma, wato wata ƙungiya mai zaman kanta da take tattara bayanan siyasar jihar, suna nuna wa ya ba kowane ɗan takara kuɗi, kuma wannan yana da muhimmanci a Virginia saboda dokar jihar ba ta sa iyaka kan abin da mutum ko kamfani zai ba ɗan takarar jiha ba. In ka ga kamfanin wutar lantarki ya zuba wa mutum kuɗi, kana da damar ka tambaye shi ina ya tsaya kan kuɗin wuta. Kar ka dogara da katunan talla da suke cika maka akwatin wasiƙa. Zaɓen fidda gwani kuma a watan Yuni ake yi, tunda ba'a rajistar jam'iyya kana iya shiga na kowace ɗaya ka ga dama, amma ɗaya tak a rana ɗaya, kuma a mazaɓun da jam'iyya ɗaya ta fi ƙarfi sosai gaskiya a Yunin ake gama magana.

Hanyar jefawa uku ce. Akwai zuwa da wuri, ana buɗewa kwana 45 kafin zaɓe a ofishin rajistara har zuwa Asabar ɗin ƙarshe, ba sai ka ba da wani uzuri ba, wannan ita na fi ba masu aikin shifti da masu tuƙi shawara. Akwai ta wasiƙa, ka nema da wuri a aiko maka gida, ka cike ka saka a ambulan ka rubuta shekarar haihuwarka da lambobi huɗu na ƙarshen soshiyal ɗinka, wato lambar Social Security, ka sa hannu, dole hatimin gidan waya ya nuna ranar zaɓe ko kafin ta kuma ta isa ofis kafin sha biyun ranar Juma'ar da ta biyo baya, ko ka kai da hannunka ka jefa a akwatin da aka tanada. Sai ta uku, ranar Talatar kanta, daga 6 na safe zuwa 7 na yamma a rumfar da aka rubuta maka, galibi makaranta ce ko coci ko ɗakin taron unguwa. In bakwai ta same ka a layi kar ka fita, dole a bar ka ka yi.

Ka riƙe shaida, lasisin Virginia ko fasfon Amurka, ko takardar kuɗin wuta ko ta banki mai sunanka da adireshinka. In ka manta duka akwai fom da zaka sa hannu kana rantsuwa kai ne, sai a ba ka takarda. Wanda karatun turanci yake ba shi wahala yana da dama ya zo da ɗansa ko maƙwabci ya shiga da shi ya fassara masa, ban da mai gidansa na wurin aiki ko wakilin ƙungiyar ƙwadagonsa. Dattawa masu shekara 65 zuwa sama da masu lalura ana iya kawo musu takarda har mota.

A ciki ba dangwale ake yi ba, za'a ba ka takarda da biro, ka cike ɗan da'irar da ke gefen sunan da kake so sosai, ɗaya a kowane muƙami, harafin jam'iyya yana gefen sunan 'yan takarar jiha, D ko R ko wani. Ka sauka har ƙasa, ka juya bayan takardar ma domin wani lokacin akwai kwamitin makarantu ko tambayar bashin gunduma a can. In ka yi kuskure kar ka goge, ka mayar a ba ka sabuwa. Sannan ka zura ta a na'ura da hannunka ka tsaya sai allon ya nuna ta karɓa.

Wanda bai kai ga zama ɗan ƙasa ba shima yana da abin yi, zai iya kai mutane rumfa a motarsa ko ya riƙe wa maƙwabciya yara ta je ta dawo. Bayan zaɓe kuma majalisa tana fara zama ranar Laraba ta biyu a watan Janairu a Richmond, zaman gajere ne, kwana 60 a shekarar kasafi, wata shekarar ma bai kai haka ba, saboda haka in akwai dokar da ta dame ka ka ajiye lambar ofishin ɗan majalisarka a waya tun Disamba, ka kira ka faɗi sunanka da unguwarku da lambar ƙudurin, ma'aikatansa suna rubutawa.