Kula da kare mai ƙaiƙayi a Ingila da Amurka: shawara ga sababbin zuwa daga Sakkwato

A Sakkwato kare na gadi ne ko na farauta, kuma idan ya fara sosa jiki, yawanci akan nufi kemis a sayo abin da ya sawwaƙa. Ɗalibi ko ma'aikacin da ya sauka a Ingila ko Amurka zai iske karen a cikin ɗaki, kuma ba abin mamaki ba ne masu gidan da ya sauka su yi tafiya su bar masa amanarsa. To, a can al'adar zuwa kemis tana iya jawo babbar matsala, domin dokar kare haƙƙin dabbobi ta Ingila ta shekarar 2006 ta ɗora alhakin lafiyar dabba a kan wanda take hannunsa, ko da riƙon na ɗan lokaci ne.

Borin jini a jikin kare ya fi bayyana a fata. Za ka ga yana lasar tafin ƙafarsa har gashin wurin ya rine ya yi ja-ja, yana goga fuska a kafet, yana girgiza kai saboda kunnen da ya yi ja yana wari. Musabbabin yakan kasance cizon ƙuma, ko ƙurar furanni da ta ɗaki, ko wani abinci kamar naman shanu ko kaza.

Magungunan da ake saya ba tare da takardar likita ba su ne inda sabon zuwa ya fi zamewa. Likitocin dabbobi sukan amince da Piriton a Ingila, ko Benadryl da Zyrtec a Amurka, amma gwargwadon nauyin karen suke ƙayyade yawansa, kuma a gaskiya amfaninsu ga ƙaiƙayi mai tsanani kaɗan ne. Sunan da ke jikin kwali ma yana yaudara, domin sinadarin da ke cikin Benadryl na Ingila daban yake da na Amurka. Duk kwalin da aka ƙara wa harafin D, kamar Zyrtec-D, yana ɗauke da maganin toshewar hanci wanda zai iya kashe kare. Haka nan xylitol, abin zaƙin da ake sa wa wasu magunguna na ruwa, guba ne gare shi, kuma kada a kuskura a ba shi ibuprofen ko farasitamol ɗin da aka taho da shi daga gida.

Masu ƙarfin sai da takardar likitan dabbobi. Apoquel ƙwaya ce da Amurka ta amince da ita a 2013, tana kwantar da ƙaiƙayi cikin yini guda, sai dai ba a ba wa karen da bai cika wata 12 ba. Cytopoint allura ce da ke riƙe kare mako 4 zuwa 8. Prednisolone ya fi araha, amma yana sa ƙishirwa da yawan fitsari, don haka mai tsaron tsarkin ɗakinsa saboda salla ya shirya yawan fitar da karen waje. Idan abinci ake zargi, likita yakan ɗora shi a kan abinci iri ɗaya na kimanin mako 8, kuma loma guda ta tausayi daga kwanonka tana rushe gwajin baki ɗaya.

Kafin masu gida su tafi, ka karɓi lambar asibitin dabbobinsu da takardar inshorar karen, ka sa su rubuta maka sunan kowane magani da lokacin shansa. Idan fuskar karen ta kumbura ko numfashinsa ya yi nauyi, kada ka jira gari ya waye, asibitocin dabbobi na gaggawa suna aiki da dare.