Yadda Ake Raha da Magana Mai Harshen Damo

Wanda yake son ya iya raha da magana mai harshen damo sai ya fara horar da kunnensa, domin karin sauti da tsawon wasali ne ke raba kalmomi da dama waɗanda rubutun boko ke nuna su iri ɗaya. Gari yana iya zama mazaunin jama'a ko abin tuƙa tuwo, kuka kuwa ko na hawaye ko ta miya.

Daga nan sai ka nemi wurin da ma'anonin biyu za su iya zama daidai a lokaci guda, kuma a ganina nan ne gwanintar take. A marinar Ƙofar Mata, inda ake rini da baba, idan ka ce wa marini, "Malam, ina baba?", yana iya nuna maka ramin shuni, yana kuma iya cewa tsohon yana gida yana hutawa. A Kantin Kwari ma, idan maƙwabcin shagonka ya ce, "Alhaji, yau ka ci kasuwa kuwa?", kana iya amsa masa da cewa ai ko kumallo ba ka karya ba. Ka faɗa fuskarka a daidai, kada ka riga shi dariya, kada kuma ka tsaya yin bayani, domin bayani yana kashe armashin maganar.

Abin da ya fi damuna shi ne yadda wasu ba sa duba da wa suke magana. Al'ada ta riga ta ware abokan wasa: Bakano da Bazazzagi, Bafulatani da Babarbare, taubasai, da kaka da jika. Tsakanin waɗannan, juya kalma zumunci ne, amma suruki ko malaminka ba a yi musu haka, kuma kalma irin "ciki" ba ta dace da raha a gaban matan aure ba.

A saƙon waya kuwa, inda babu murya balle fuska, ka kula da haruffa masu ƙugiya. Idan ka aiki ƙaninka wajen mahauta ya sayo ƙashin miya, ka sake karanta saƙon ka tabbata ƙugiyar tana nan kafin ka tura.