Yadda Ake Yi Wa Fayil ɗin OCX Rajista a Windows

Idan tsohuwar manhajar da aka gina da Visual Basic 6 ta ƙi buɗewa saboda MSCOMCTL.OCX, galibi matsalar rajista ce, domin Windows ba ya gane wannan fayil na ActiveX (ƙaramin ɓangaren manhaja da wasu manhajoji ke amfani da shi) sai an shigar da bayanansa cikin kundin rajistarsa. A kwamfuta mai bit 64, a ajiye fayil mai bit 32 cikin C:\Windows\SysWOW64, duk da cewa lambar 64 da ke cikin sunan wurin tana iya ruɗar mutum. Daga nan a buɗe Command Prompt (tagar rubuta umarni ta Windows) da izinin mai gudanarwa, a shiga SysWOW64 ɗin daga cikinsa, a rubuta umarnin rajista regsvr32 MSCOMCTL.OCX. Kada a kuskura a sauko da fayil ɗin daga shafin da ba a sani ba, domin yana aiki da dukkan ikon manhajar da ta ɗauke shi.