Yadda ake yashe lambatun da ya sha dattin sana'o'i

Babban lambatun da ya ratsa ta garejin makanikai da rumfunan masu gyaran batir da marina, ba a yashe shi yadda ake yashe kwatar ƙofar gida. Leda da robobin da ke yawo a sama su ido ke gani, amma cutar tana cikin baƙar lakar da ta kwanta a ƙasa, wadda ta sha baƙin mai da ruwan batir shekara da shekaru. A gari irin Gusau kuwa, abin da lambatu ya ɗauka yawanci Kogin Sakkwato yake nufa, inda masu lambu ke ban ruwa.

Mutanen Brooklyn a birnin New York na Amurka sun ga wannan. An gama gina mashigin ruwan Gowanus a 1869, tsawonsa kusan kilomita 3, masana'antun iskar gas da majemu suka yi ta zuba masa datti sama da shekara ɗari. A 2010 gwamnati ta sa shi cikin jerin wuraren da suka fi gurɓata, a 2013 aka ƙiyasta aikin a kan dala miliyan 506, amma ba a fara kwashe lakar gadan-gadan ba sai 2020. Tsarin nasu: a kwashe lakar sama, a daskarar da ta ƙasa da siminti, a rufe da yashi da tsakuwa, a kuma gina manyan tankunan da za su tare ƙazantar gari lokacin ruwan sama. Kuɗinsu ba namu ba ne, amma jerin aikin ya dace da mu.

A fara da toshe tushen. Mai unguwa da shugabannin makanikai su zauna, kowane gareji ya aje durom na tara baƙin mai, masu batir su daina juye ruwansa a ƙasa. In an tsallake wannan, kafin damina biyu lambatun ya koma gidan jiya.

Lokacin aiki shi ne Maris zuwa Afrilu, ruwa ya ja baya, damina ba ta faɗi ba. A soma daga gindin lambatu a yi sama, domin ruwan da ya kwanta ya sami hanyar wucewa. Wanda ya soma daga sama, cikin taɓo zai wuni. A yanka aikin mita goma-goma, a tare saman kowane yanki da buhunan yashi, a tsame leda da manjagara, sannan a sa shebur. Kowa ya sa dogon takalmin roba da safar hannu mai kauri, a kuma yi allurar tetanus, don ƙasan cike yake da kwalba da tsatsan ƙarfe. Ban da yara a wannan gayya, ko da ɗaukar baro ne.

Ƙarƙashin kwalbati ne wurin da ake rasa rai. Idan aka motsa tsohuwar laka, iska mai warin ruɓaɓɓen ƙwai take tashi. Ta fi iskar da muke shaƙa nauyi, don haka a ƙasa take taruwa, kuma in ta yi yawa hanci yakan daina jin warin, mutum ya ɗauka ta wuce, sai kawai ya yanke jiki ya faɗi. Takunkumin ƙyalle ba ya tare ta. A ɗaga murafan duka, a zungure lakar daga waje da doguwar gora, a bar iska ta ratsa. Wanda zai shiga ya ɗaura igiya a ƙugu, mutum biyu na riƙe a waje. In ya faɗi, a jawo shi da igiyar, kada wani ya bi shi ciki.

Lakar da aka fitar a zuba ta a kan tamfol, ta tsane kwana biyu ko uku, tifa ta kwashe ta zuwa ramin da hukumar tsaftar muhalli ta nuna, nesa da rijiya da fadama, a rufe da ƙasa. Tara ta a bakin lambatu aikin banza ne, ruwan farko zai mayar da ita. Kai ta gona a matsayin taki ya fi muni, saboda dalmar batir ba ta ruɓewa. Zamfara ta san dalma: a 2010 gubarta daga daka dutsen zinare ta kashe yara aƙalla 400 a ƙananan hukumomin Anka da Bukkuyum, sai da aka kankare ƙasar gidaje aka binne, aka zuba sabuwa.

Bayan an yashe, a cike inda ƙasan ya fashe da kankare, kwano ɗaya na siminti, biyu na yashi, huɗu na tsakuwa, a ba shi gangaren santimita ɗaya a kowace mita. A bakin kowace kwalbati a kafa ragar rodi mai tazarar santimita 5, a kuma naɗa wanda zai riƙa share ta bayan kowane ruwa, domin ragar da ta toshe cikin gidaje take juya ambaliya.