Kurakuran da masu ɗaukar fim ɗin gaskiya ke maimaitawa a ƙauyukanmu

Na gaji da ganin matasa suna saɓa kyamara su nufi Yankari ko duwatsun Dass, su dawo da irin ɓarnar da muka tafka shekarun baya.

Mafi muni shi ne zuwa da labari a aljihu. Na taɓa sauka wani ƙauye a gefen dajin Yankari, cikin ƙasar Alkaleri, na riga na yanke hukunci cewa manoma ne maƙiyan daji. Kwana uku ina ɗaukar kututture da buhunan gawayi. A rana ta huɗu wani dattijo ya riƙe hannuna ya kai ni gonarsa. Dawa kwance, karare a tattake, ga sawun giwa kamar faifai a cikin laka. Ya ce, "Ɗana, abincin shekara ke nan, dare ɗaya." Na ce, "Baba, a yi haƙuri," kunya ta hana ni ƙara komai. Tun 1956 aka keɓe dajin nan, su kuma suna maƙwabtaka da giwayen, asarar tana kansu, ni ko tambaya ban yi ba. Aikin kwana ukun nan zubar da shi na yi. Yanzu ba na buɗe jaka sai na kwana biyu a gari: in gaida dagaci, in gaida mai unguwa, in zauna majalisa in yi shiru. Wasu abokan aiki na cewa ɓata kuɗi ne. Ni haka nake yi.

Na biyu harshe, kuma wannan har yau yana ci mini rai. Don kowa na jin Hausa ba shi ne a Hausa zuciyarsa take magana ba. Akwai Jarawa, Sayawa, Gerawa da Warjawa a Bauchi, ga Tangale, Waja da Tera a Gombe. Wata tsohuwa a yankin Dass ta yi mini dogon bayani da Jaranci, tafinta ya taƙaita da cewa, "Wai da akwai ruwa, yanzu babu." Sai na kashe kyamara tana tsaka da magana. Da na zo tace fim, wani ɗalibi mai jin harshen ya saurara, ashe sunayen idanun ruwan da suka ƙafe take jerowa ɗaya bayan ɗaya, da bishiyoyin da ke kansu. Rabi kawai na kama. Kafin in koma ta rasu. Haba jama'a, wace gaggawa kuke yi? Ku bar mutum ya yi magana da harshen uwarsa, ku bar kyamara na tafiya har ya yi shiru da kansa, fassara ta biyo baya!

Sauran ƙanana ne. Iskar hunturu na cinye murya, a sa wa makirufo rigarsa. Rana tsaka tana ƙona hoto, hantsi da la'asar sun fi. Kada ka tashi jirgi maras matuƙi a kan gidaje, tsakar gidan mata yake leƙawa. Wurin da aka ce ba a ɗauka, ko tsafi ne ko kushewa, kar ka ɗauka a ɓoye. Kwafe abin da ke katin ajiyar kyamararka wuri biyu kafin ka kwanta.

Idan fim ya kammala, ni janareta nake haya da farin ƙyalle, in kafa a ƙofar dagaci bayan isha'i. Abin da suka ce ba haka yake ba, in koma in gyara kafin ya hau YouTube.